Furio Scarpelli da dariyar mutanen da yaƙi ya raba da gidajensu

A shekarar 1949, shekara 4 bayan ƙarewar Yaƙin Duniya na Biyu, an fitar da wani fim ɗin barkwanci a Italiya mai suna Totò cerca casa, wanda labarinsa bai wuce na wani ƙaramin ma'aikacin gwamnati da yaƙi ya raba da muhallinsa ba. Shi da matarsa da 'ya'yansa suna zaune a ajin wata makaranta, zaman da ba zai ɗore ba tunda ɗalibai suna bukatar ajinsu. Ya karɓi aikin gadin maƙabarta saboda aikin yana tare da ɗakin kwana, amma tsoro ya kore shi. Ya je ya raɓe a kangon Kolosiyam, tsohon filin wasan nan na Rumawa. Daga bisani ya faɗa hannun mazambata, waɗanda suka ba shi hayar gidan da suka riga suka karɓi kuɗinsa daga hannun wasu mutanen. Jama'a sun cika gidajen sinima suna dariya, alhali da yawa daga cikinsu a irin wannan halin suka baro iyalansu. Wanda ya zauna a garinmu Kassala, a gabashin Sudan, a 'yan shekarun nan ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan labari, domin tun da yaƙi ya ɓarke a Hartum ranar 15 ga Afrilu 2023, musamman bayan da ya isa Wad Madani a watan Disamba na shekarar, mun ga makarantun Kassala sun cika da iyalai, ana raba aji guda da labule, kowa da buhun kayansa a matsayin matashi.

Cikin marubutan da suka haɗu suka tsara wancan fim akwai samari biyu da ba su haura shekara 30 ba, wato Agenore Incrocci, wanda aka fi sani da Age, da Furio Scarpelli, kuma daga nan suka ƙulla haɗin gwiwar da ta kai su fiye da shekara 30 suna rubutu a tebur ɗaya. A kan Scarpelli nake son tsayawa, ko da yake babu yadda za a ba da labarinsa a bar abokin nasa a baya. Abin da ya ja ni gare shi tambaya ce da take damuna tun da baƙin nan suka sauka a garinmu: shin ya dace a yi dariya a kan wahalar mutane, kuma idan ya dace, wace irin dariya ce ba za ta koma cin fuska ba? Mafi yawanmu idan muka kalli fim ɗin barkwanci fuskar ɗan wasa muke riƙewa, muna zaton daga kansa maganganun suke fitowa, alhali mutumin da ya yanke shawarar wanda za a yi wa dariya da wanda za a tausaya wa yana can a ɗakinsa da takarda, sunansa kuma yana wucewa a allo ba wanda ya karanta.

An haifi Scarpelli a birnin Roma ranar 16 ga Disamba 1919. Mahaifinsa, Filiberto Scarpelli, mutumin Napoli ne, ɗan jarida kuma mai zanen barkwanci, yana cikin waɗanda suka kafa mujallar ba'a ta Il Travaso delle idee a 1900, ya kuma rasu a 1933 yaron yana ɗan shekara 13. Da alƙalamin zane Furio ya fara neman abinci kamar ubansa, yana yi wa mujallun ba'a aiki, ciki har da Marc'Aurelio, wadda aka kafa a Roma a 1931, wadda kuma Federico Fellini da Steno da Ruggero Maccari da Ettore Scola duk suka bi ta cikinta kafin su shiga harkar fim. Mujalla ce da ta tashi a ƙarƙashin mulkin Mussolini, lokacin da taɓa gwamnati kai tsaye yake iya kai mutum kurkuku, saboda haka marubutanta suka ƙware a habaici, suka mai da hankali kan ƙaramin akawu da maigidan haya da suruka da mai ƙaryar arziki. Sana'ar zanen barkwanci tana da wani horo na musamman: hoto ɗaya aka ba ka da layi ɗaya a ƙarƙashinsa, don haka dole hular mutum da takalminsa da yadda ya riƙe sigari su faɗi ko shi wane ne kafin ya buɗe baki. Ina ganin wannan horon bai rabu da Scarpelli ba har ya tsufa, kuma shi ya sa ko ɗan aiken da zai fito na minti guda a finafinansa sai ka ji kamar ka taɓa haɗuwa da shi a kasuwa.

Italiyar da ya fara rubuta wa fim ƙasa ce da yaƙi ya bi ta kanta tun daga kudu har arewa. Hatta Cinecittà, babbar unguwar shirya finafinai da gwamnatin Mussolini ta buɗe a gefen Roma a 1937, an mai da ita sansanin 'yan gudun hijira, dubban mutane suna kwana a manyan ɗakunan da a da ake ɗaukar fim, har zuwa wajen 1950. A wannan yanayi ne Roberto Rossellini da Vittorio De Sica suka fita da kyamara kan titi suna ɗaukar talauci yadda yake, suka yi finafinan da duniya ta jinjina wa. Sai dai talakan da ya yini yana neman aiki ba kullum yake son biyan kuɗi ya kalli irin yininsa ba, hukuma ma ba ta so, har Giulio Andreotti, wanda harkar sinima take ƙarƙashin ofishinsa a lokacin, ya fito a rubuce a 1952 ya soki De Sica kan nuna wa duniya tsiraicin ƙasarsa. Marubutan barkwanci sai suka bi ta wata hanyar: titunan nan dai, yunwar nan dai, layin neman gidan nan dai, amma da ɗan wasan da zai sa mutum ya ƙyalƙyale. Kasuwa kuwa akwai ta, domin a 1955 kaɗai an sayar da tikitin sinima fiye da miliyan 800 a Italiya.

Shekarun farko na Age da Scarpelli shekarun koyon sana'a ne a bayan Totò, ɗan wasan Napoli da aka haifa a 1898, wanda fuskarsa kaɗai ta isa ta cika sinima. Sun rubuta masa finafinai da yawa cikin gaggawa, wasunsu ba su da wani abin tunawa, amma akwai waɗanda suka nuna inda aka dosa. A La banda degli onesti na 1956, wani maigadin gidan haya ne ya gaji farantan buga takardar lira 10,000 daga hannun wani tsoho mai gargarar mutuwa, ya haɗa kai da mai maɗaba'a da mai fenti suka buga jabun kuɗi, amma tsoro da ragowar mutunci suka hana su kashewa, har daga baya ta bayyana cewa takarda ɗayar da ya yi ƙarfin halin kai wa mai shago ita ce ta gaskiyar da suka kwaikwaya. Wani fim ɗin kuma, Totò e Carolina, wanda Mario Monicelli ya ba da umarninsa, ya daɗe a hannun hukumar tace finafinai, bai fita ba sai 1955 bayan an yanke masa wurare da dama, saboda hukuma ta ga bai kamata a sa Totò cikin kakin ɗan sanda ba. Wannan kaɗai ya isa shaida cewa masu mulki sun gane barkwancin ba wasan yara ba ne.

Shekarar 1958 ce ta canza komai, da fitowar I soliti ignoti, wanda suka rubuta tare da Monicelli da marubuciya Suso Cecchi d'Amico. Wasu ƙananan ɓarayi ne na unguwannin talakawan Roma suka sami labarin cewa bango ɗaya marar ƙwari ne ya raba akwatin kuɗin wani gidan jingina da gidan da ke maƙwabtaka da shi. Jagoransu ɗan dambe ne mai in'ina wanda ba ya cin wasa, kuma Vittorio Gassman ne ya fito a matsayinsa, mutumin da kafin lokacin ba a san shi da barkwanci ba. Akwai mai ɗaukar hoto, wato Marcello Mastroianni, wanda yake fama da rainon jariri saboda matarsa tana kurkuku kan fasa-ƙwaurin sigari. Akwai mutumin Sisili mai kulle ƙanwarsa a ɗaki don tsare mutuncin gida. Akwai wani tsoho da babu abin da ke ransa sai abinci. Totò ya fito na ɗan lokaci a matsayin tsohon gwanin fasa akwatin ƙarfe, yana ba su darasi a kan soro. Sun yi shiri na kwana da kwanaki, suna kwaikwayon manyan ɓarayin da suke gani a finafinan Amurka da Faransa, suka shiga gidan da dare, suka sha wahalar huda bango, sai suka tsinci kansu a ɗakin girkin gidan da suke ciki. Da suka ga gari ya kusa wayewa, sai suka zauna suka cinye tukunyar taliya da kabkabe, wani irin wake, da suka tarar.

Abin da ya fi tsaya mini a wannan fim ba hudar bangon ba ce. A tsakiyar labarin, mutumin da ya fara kawo shawarar satar, wanda sauran suka zagaye suka bar shi a baya, ya fito daga kurkuku ba shi da ko sisi, ya fizge jakar wata mata, yana cikin gudu jirgin ƙasa na cikin gari ya take shi ya mutu. Kafin wannan lokaci ba a saba ganin gawa a fim ɗin barkwanci na Italiya ba, kuma marubutan sun san abin da suke yi da suka ajiye ta a nan. Bayan jana'izar nan ɗan kallo ba zai ƙara ɗaukar mutanen a matsayin wawayen da aka kawo don a yi musu dariya ba, domin ya ga abin da ke jiran kowannensu idan ƙafarsa ta zame. Dariyar ba ta tsaya ba, amma ta zama irin wadda mutum yake yi wa ɗan'uwansa da ya san halin da yake ciki. A ganina nan ne amsar tambayar da na zo da ita take: marubucin bai taɓa tsayawa a sama yana leƙen talakansa ba, bai kuma ɓoye farashin talaucin don kada dariya ta ɓaci ba. Ya bar ɓarawonsa da yunwarsa da girman kansa da ƙaunar ɗansa gaba ɗaya, sai ya zamana abin dariyar shi ne tazarar da ke tsakanin yadda mutum yake ganin kansa da abin da duniya ta ba shi damar zama.

Bayan shekara guda suka ɗauki abin da ya fi wannan haɗari. Yaƙin Duniya na Farko ya ci sojojin Italiya fiye da 600,000, kuma mulkin Mussolini ya shafe shekara 20 yana koya wa yara cewa yaƙin nan tsarkakakken tarihi ne na jarumai, saboda haka da labari ya bazu cewa furodusa Dino De Laurentiis zai shirya fim a kansa da 'yan wasan barkwanci, jaridu sun yi ca tun kafin a fara ɗauka. La grande guerra, wanda suka rubuta tare da Monicelli da Luciano Vincenzoni, labarin sojoji biyu ne matsorata, ɗaya mutumin Roma, wato Alberto Sordi, ɗaya mutumin Milan, wato Gassman, waɗanda tsakaninsu yake kamar na Bakano da Bazazzage, kullum cikin tsokanar juna kan gari da karin magana, amma ba sa rabuwa. Duk dabararsu ta ƙare a kan yadda za su zille wa aiki su tsira da rai. A ƙarshe sojojin Ostiriya suka kama su, aka ce su faɗi inda aka kafa wata gada a kan kogin Piave ko a harbe su. Sun riga sun yarda za su faɗa, sai hafsan da ke tuhumarsu ya yi wa abokinsa wata maganar raini a kan rashin zuciyar Italiyawa, nan take mutumin Milan ya fasa, ya zage shi, aka fitar da shi aka harbe. Mutumin Roma kuma ya mutu yana ihu cewa shi bai san komai ba, shi matsoraci ne, kowa ya sani, amma bai faɗi inda gadar take ba. Da rundunarsu ta yi nasara ta wuce ta wurin, ba wanda ya lura da gawarwakinsu, ana ma ƙorafin cewa malalatan nan biyu sun sake sulalewa.

Ban san wani fim da ya girmama ƙaramin soja kamar wannan ba, kuma ya yi hakan ne ba tare da ya ɗora masa jarumtar da ba tasa ba. Fim ɗin ya raba babbar kyautar bikin finafinai na Venis ta 1959 da wani fim na Rossellini, abin da ya nuna cewa an daina kallon barkwanci a matsayin ƙanen fim na gaske. Suka biyo da Tutti a casa a 1960, tare da Luigi Comencini, a kan ranar 8 ga Satumba 1943, ranar da aka sanar Italiya ta ajiye makamai, manya suka tsere, aka bar sojoji ba umarni, kowa ya tuɓe kaki ya kama hanyar gida a ƙasa. Sai I compagni a 1963, labarin yajin aikin ma'aikatan wata masaƙa a Torino a ƙarshen ƙarni na 19, masu aikin awa 14 a yini, wanda ya fara bayan inji ya cinye hannun wani ma'aikaci, ya kuma ƙare da harbe wani yaro da shigar ƙanensa masaƙar a madadinsa. Bai yi kasuwa a Italiya ba, amma shi ya fara kai sunayen Age da Scarpelli cikin jerin 'yan takarar kyautar Oska ta rubutun fim.

Babban jarin mutanen nan biyu kunne ne. Italiya ƙasa ce mai karin harshe iri-iri, har mutumin Sisili da na Venis suna iya kasa fahimtar juna, kuma finafinan zamanin Mussolini sun fi son Italiyancin makaranta wanda ba kowa yake yi a gida ba. Su kuwa suka saurari yadda talaka yake aro manyan kalmomin lauyoyi da na jarida ya saka su inda ba wurinsu ba don a ɗauke shi da daraja, suka mai da wannan ya zama hanyar nuna matsayin mutum da burinsa. A L'armata Brancaleone na 1966 ma harshe sabo suka ƙera, gaurayen Latin da tsohon Italiyanci da karin ƙauyuka, suka saka shi a bakin wani matsiyacin barde da tarkacen mabiyansa, har sunan fim ɗin ya zama abin da Italiyawa suke kiran duk wata tawaga marar tsari. Yadda suke aiki ma abin lura ne: mutum uku ko huɗu a ɗaki, ana musu, ana ba da labarin abin da aka gani a hanya, ana watsar da shawara goma kafin a riƙe ɗaya, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Kuma duk wanda ya taɓa kallon fim ɗin kaboyin nan na Sergio Leone na 1966, wanda Clint Eastwood ya fito a ciki tare da wasu biyu suna neman zinariyar da aka binne a maƙabarta, ya ga sunayen Age da Scarpelli sun wuce a allo ko da bai kula ba.

Akwai wurin da nake da ja da su, kuma zaman Kassala ne ya sa ba zan iya tsallake shi ba. Sojojin Italiya sun riƙe garin nan daga 1894 zuwa 1897, suka sake shigowa daga Iritiriya a watan Yuli 1940, ba su fita ba sai Janairu 1941. Ƙasar da ta turo su ita ce ta rataye Umar Mukhtar a Libiya a 1931, ta yi amfani da iskar guba a Habasha a yaƙin 1935 zuwa 1936, ta kuma yi kisan gilla a Addis Ababa a watan Fabrairu 1937. Sojan Italiya da muke gani a finafinan barkwancin nan kuwa talaka ne mai taushin zuciya, wanda manya suka jefa cikin abin da bai fahimta ba, ba ya son komai sai ya koma wurin uwarsa. Wannan hoton yana da gaskiya a cikinsa, amma ba ita ce gaskiyar duka ba, kuma ya taimaka wa Italiyawa suka daɗe ba su dubi abin da aka yi da sunansu a nahiyarmu ba. Fim ɗin I due nemici na 1961, wanda Age da Scarpelli suna cikin marubutansa, a Habasha ta 1941 aka kafa labarinsa, amma zancen duka na wani hafsan Italiya ne da takwaransa na Ingila da yadda gaba ta koma mutunta juna, masu ƙasar kuwa suna can gefe kamar duwatsu da itatuwan wurin. Kunnen da ya ji kowane karin magana na Roma da Milan bai tsaya ya saurari mutumin Habasha ba. Ba na faɗin haka don in rage musu daraja, sai don in nuna cewa tausayin marubuci yana tsayawa ne daidai inda saninsa da mutane ya tsaya.

A cikin gida kuwa ba su ji tsoron taɓa abin da ake ɓoyewa ba. Sedotta e abbandonata na Pietro Germi, wanda ya fito a 1964, ya yi magana ne a kan wata doka da ta yafe wa namijin da ya ɓata yarinya hukunci muddin ya aure ta, da yadda uba yake iya sadaukar da 'yarsa don kada maƙwabta su yi magana. Ba a soke wannan doka ba sai 1981. Ya kamata in faɗa wa mai karatu a nan cewa wasu finafinan wannan zamani, musamman na tsakiyar shekarun 1960 zuwa gaba, suna da wuraren da ba su dace a kalla tare da iyali ba, don haka mutum ya zaɓa da lura. Waɗanda na fi tsayawa a kansu a sama sun fi sauƙi ta wannan fuska.

Da arziki ya shigo Italiya daga 1958, masana'antun arewa suka kwashi miliyoyin mutanen kudu, mota da talabijin suka shiga gidaje, sai abin dariyar ya tashi daga mai yunwa ya koma kan wanda ya ƙoshi ya manta. C'eravamo tanto amati na 1974, wanda suka rubuta da Ettore Scola, ya bi abokai uku da suka yi gwagwarmaya da sojojin Jamus tare a kan duwatsu, ya raka su shekara 30. Ɗaya ya zama lauya ya auri 'yar wani hamshaƙin mai gine-gine marar gaskiya, ya yi kuɗi ya rasa abokai. Ɗaya malamin makaranta ne da ƙaunar sinima da taurin kai suka raba shi da aikinsa da iyalinsa. Na ukun ya ƙare yana tura marasa lafiya a asibiti, ba a ƙara masa girma ba saboda ra'ayinsa, kuma shi kaɗai ne bai sayar da komai nasa ba. Akwai wurin da lauyan ya haɗu da tsohon abokinsa a wajen ajiye motoci, abokin ya zaci aikin gadin motoci yake yi, shi kuma kunya ta hana shi faɗin cewa attajiri ne. Duk wanda ya ga yadda waɗanda suka fita zanga-zanga kafaɗa da kafaɗa suke rarrabuwa bayan 'yan shekaru zai gane ciwon da ke cikin wannan fim. A La terrazza na 1980, wanda ya ci kyautar rubutun fim a bikin birnin Kan na Faransa, sun juya alƙalamin kan sana'arsu, inda suka kawo wani marubucin barkwanci da rubutu ya ƙafe masa, furodusa kuma yana ta bugo waya yana tambayar ko abin da ya rubuta zai sa dariya.

Samarinmu a nan suna yin gajerun wasannin barkwanci da waya suna sakawa a Facebook da TikTok, kuma wasunsu Allah ya ba su baiwar kwaikwayo ta gaske. Abin da nake gani ya yi ƙaranci shi ne mai zama ya rubuta kafin a kunna kyamara. Idan babu shi, dariya takan gangara inda ya fi sauƙi, wato kan baƙon da ya zo daga Hartum bai iya ɗaukar jarkar ruwa ba, ko kan tsohuwar da ta rikice a layin takiyya, wato inda ake raba dafaffen abincin sadaka. Mu Hausawan Sudan mun san ɗacin dariyar da ake yi wa mutum saboda yadda Larabci yake fita daga bakinsa, bai kamata mu zama masu ɗanɗana wa wasu irinta ba. Alhali labaran suna nan birjik: dillalin da ya nuna wa iyali uku ɗaki ɗaya, maigidan da ya ninka kuɗin haya sannan ya shiga sahun gaba a masallaci, tsohon babban ma'aikacin da yake goge takalminsa kowace safiya a ajin 'yan firamare don kada 'ya'yansa su ga ya karaya, da matan unguwa da suke raba tukunya ɗaya ga gidaje da yawa suna faɗa suna shiryawa. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan zai ɗauki fim, idan aka sami wanda zai zauna da mutanen har ya san yadda suke magana idan ba baƙo a wurin.

Age da Scarpelli sun rabu a tsakiyar shekarun 1980, lokacin da tashoshin talabijin masu zaman kansu suka janye jama'a daga gidajen sinima, irin finafinan da suka saba yi kuma suka ja baya. Scarpelli bai ajiye alƙalami ba. Ya ci gaba da aiki da Scola, suka yi La famiglia a 1987, sannan shi da ɗansa Giacomo suna cikin marubutan Il postino na 1994, fim ɗin da jaruminsa Massimo Troisi ya rasu kwana guda bayan kammala ɗaukarsa, wanda kuma ya kai Scarpelli takarar Oska karo na 3 yana da shekara 76. Ya koyar da rubutun fim a makarantar sinima ta ƙasa da ke Roma, Centro Sperimentale di Cinematografia, inda ya horar da Paolo Virzì, wanda daga baya ya zama darakta, suka rubuta Ovosodo tare a 1997, labarin wani yaro ɗan unguwar ma'aikata a birnin Livorno. Age ya rasu a watan Nuwamba 2005. Scarpelli ya rasu a Roma ranar 28 ga Afrilu 2010 yana da shekara 90, kuma kafin shekarar ta fita Suso Cecchi d'Amico da Monicelli, sauran biyun da suka rubuta I soliti ignoti tare da su, su ma sun bi shi.